Jini, Sauro da Ƙwayar Magani: Manyan Ra'ayoyin Juyin Halitta a Ma'aunin Unguwar Kilomita Biyar ta Bangui

Tsakure

Takardar nan ta duba manyan ra'ayoyin da littattafan ilimin juyin halitta suka ginu a kansu, sannan ta auna su da abin da ke faruwa a jinin mutane da jikin sauro da ƙwayar zazzaɓi a wuraren da Hausawa ke zaune, tun daga Garki ta Jihar Jigawa har unguwar Kilomita Biyar ta birnin Bangui. Matsayar takardar ita ce, wasu daga cikin hujjoji mafiya ƙarfi na wannan fanni a ƙasashenmu aka tattara su, amma da misalan Ingila da tsibiran Galapagos ake koya wa ɗalibanmu, su haddace, su rubuta jarrabawa, su manta. Hasarar kuwa ba a aji ta tsaya ba, tana bin mu har wurin ɗaurin aure da teburin mai sayar da magani.

1.0 Gabatarwa



Faransawa ne suka kafa Bangui a 1889 a bakin kogin Ubangi. Daga tsakiyar garin ake auna nisan unguwanni, shi ya sa ake kiran wadda muke magana a kanta PK5, wato Kilomita Biyar. Nan ce cibiyar cinikin babban birnin Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya. Kayan da manyan motoci ke ɗaukowa daga tashar jiragen ruwa ta Duwala, su biyo ta Garoua-Boulaï da Bouar, da yawansu a kasuwar Mamadou Mbaïki da shagunan titin Koudoukou suke sauka. Nan Babban Masallacin birnin yake, wanda Fafaroma Francis ya ziyarta ranar 30 ga Nuwamba 2015. Tun zamanin mulkin mallaka fatake suka yi ta sauka a wurin, Hausawa da Barebari da Fulani da Larabawan Chadi da mutanen Senegal da Mali da Kamaru, suka zauna tare da 'yan ƙasa, aka yi auratayya, ana ciniki da Sango, ana karatun boko da Faransanci.

Abin da ya sa na zaɓi wannan unguwa shi ne, kusan duk abin da littattafai ke lissafawa cikin masu sauya gadon al'umma ya taru a cikinta. Ga jini daga kusurwoyi daban-daban, ga zazzaɓin cizon sauro da ba ya yankewa rani da damina, ga magani ana saye ba takardar likita, sannan ga gudun hijirar da ta biyo bayan rikicin Disamba 2013, lokacin da dubban Musulmin Bangui suka nufi Chadi da Kamaru.

2.0 Daga Darwin zuwa alƙalamin lissafi

Ranar 1 ga Yuli 1858 aka karanta rubutun Charles Darwin da na Alfred Russel Wallace tare a Landan, sannan littafin Darwin, On the Origin of Species, ya fito a Nuwamba 1859. In aka cire masa yawan misalai, hujjar littafin sharuɗɗa uku ce. 'Ya'yan jinsi ɗaya ba su zama iri ɗaya sak. Wani ɓangare na bambancin ana gadonsa. Kuma ba duk wanda aka haifa ke kaiwa ga haihuwar nasa ba. Da zarar ukun nan sun haɗu, siffar da ke taimaka wa mai ita ya rayu ya hayayyafa za ta yi ta yawaita daga tsara zuwa tsara. Wannan shi ne zaɓin yanayi. Ra'ayi na biyu a littafin shi ne, halittu masu kama da juna daga tushe ɗaya suka rarrabu.

Darwin bai san yadda gado ke tafiya ba. Gregor Mendel ya buga sakamakon gwajinsa na wake a 1866, amma sai 1900 aka waiwaye shi. Ya nuna cewa siffa ba narkewa take yi a jinin 'ya'ya ba, ƙwayar gado ce guda, ɗaya daga uwa ɗaya daga uba, tana iya ɓuya a tsara ɗaya ta bayyana a ta gaba. A 1908 Hardy a Ingila da Weinberg a Jamus suka fitar da lissafin yadda ƙwayoyin gado ke rarrabuwa cikin jama'a. Kan wannan ne Ronald Fisher a 1930, da Sewall Wright a 1931, da J. B. S. Haldane a 1932 suka ɗora ra'ayin Darwin a kan lissafi. Littafin Theodosius Dobzhansky na 1937, Genetics and the Origin of Species, ya kai lissafin daji ya gwada shi da ƙudaje masu rai, na Julian Huxley na 1942 kuma ya tattara fannin wuri ɗaya. Daga wannan zamani ma'anar juyin halitta ta zama abin aunawa: sauyin yawan wata ƙwayar gado cikin al'umma daga tsara zuwa tsara. Mutum ɗaya ba ya juyawa, da abin da aka haife shi da shi zai mutu. Al'umma ce ke sauyawa, saboda wasu sun bar zuriya fiye da wasu.

Wright ya ƙara wani abu da ɗalibai kan tsallake: katari. A ƙaramar al'umma, ƙwayar gado na iya yawaita ko ta ɓace ba don amfani ko illa ba, sai don wane ya yi hijira, wane ya rasu da wuri, wane ya haifi goma. Motoo Kimura na Japan ya faɗaɗa wannan a 1968, ya ce yawancin sauye-sauyen da ake gani a DNA ba su da riba ba su da hasara. Unguwar da ta yi asarar yawancin mazaunanta cikin 'yan watanni, daga baya wasu suka dawo wasu ba su dawo ba, irin wurin da Wright ke nufi ke nan.

A tarukanmu akan samu mai miƙewa ya ce ai Al-Jahiz na Basra ya riga Darwin da shekara dubu a Kitabul Hayawan. Gaskiya ne ya yi bayanin yadda dabbobi ke cin juna da yadda muhalli ke tasiri a jikinsu, kuma ya cancanci a karanta shi. Amma ɗora masa rawanin Darwin ba girmama shi ba ne, ƙin karanta su biyun ne. Haka nan muhawarar asalin ɗan Adam, wadda ke sa malamai da yawa su ruga da darasin nan da gudu kamar ana korarsu, tana da nata zauren da nata malaman. Abin da zan kawo a nan duk abin da ake aunawa ne a ɗakin gwaji.

3.0 Sikila: tambayar da sauro ya amsa

A 1910 likita James Herrick na Chicago ya bayyana jinin wani ɗalibi ɗan tsibirin Grenada da jajayen ƙwayoyinsa suka lanƙwashe suka yi siffar lauje. A 1949 Linus Pauling da abokan aikinsa suka nuna cewa himogulobin ɗin masu cutar ya bambanta da na sauran mutane, daga baya Vernon Ingram a Cambridge ya gano inda bambancin yake: guda ɗaya tak cikin jerin sinadarai 146, na shida a layi. Wanda ya gaji wannan sauyi daga uwa da uba shi ne SS, mai ciwon sikila ko amosanin jini. Wanda ya gaje shi daga ɓangare ɗaya shi ne AS, lafiyayye, wanda bai gaje shi ba kuwa shi ne AA.

Ga inda kai ke ɗaurewa. Kafin zuwan asibitin zamani, yawancin masu SS ba sa kaiwa shekarun aure, kuma duk wanda ya rasu ya tafi da ƙwayar S guda biyu. Bisa ƙa'idar Darwin, da tuni ta ƙare. Amma kimanin mutum ɗaya cikin huɗu a Nijeriya na ɗauke da ita, kuma a 2006 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta ana haihuwar jarirai kimanin 150,000 masu cutar a ƙasar kowace shekara. Me ke mayar da abin da mutuwa ke kwashewa?

Haldane ne ya fara nuni da zazzaɓin cizon sauro a 1949, yana magana kan wata cutar jini ta bakin tekun Bahar Rum. Anthony Allison, wanda ya tashi a Kenya, ya kawo hujja a 1954: yara masu AS a Gabashin Afirka ba sa ɗauke da ƙwayar zazzaɓi da yawa kamar masu AA, kuma inda zazzaɓi ya fi tsanani nan S ta fi yawa. A 1958 Frank Livingstone ya danganta yaɗuwarta a Yammacin Afirka da noma, domin saran daji da zama wuri ɗaya su ke samar wa sauro kududdufai da jinin sha. Binciken da aka yi daga baya a Kilifi ta Kenya ya nuna AS na rage haɗarin zazzaɓi mai tsanani da kimanin kashi 90 cikin ɗari.

Amma hujjar da ya kamata kowane ɗalibin Hausa ya sani, a ƙasar Hausa aka samo ta. Daga 1969 zuwa 1976 Hukumar Lafiya ta Duniya da gwamnatin Nijeriya sun gudanar da babban bincike kan zazzaɓi a ƙauyukan Garki, a tsohuwar Jihar Kano, wanda Molineaux da Gramiccia suka tattara a littafi a 1980. Cikin aikin, Alan Fleming, masanin jini na Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, da abokan aikinsa suka auna jinin mutanen yankin, suka buga sakamako a 1979. Cikin jarirai sabbin haihuwa, kashi 24 cikin ɗari AS ne, kimanin kashi 2 kuma SS. Cikin waɗanda suka wuce shekara biyar, AS ta kai kashi 29, SS kuwa da ƙyar ake samun ɗaya.

A tsaya a dubi lambobin nan da kyau. Ba wanda jininsa ke sauyawa daga AA ya koma AS bayan haihuwa. Hanya ɗaya ce kason AS zai ƙaru haka tsakanin ranar suna da shekara biyar: masu AA sun fi mutuwa. In aka buga lissafi da waɗannan alƙaluma, inda yara masu AS ɗari suka tsallake ƙuruciya, masu AA kimanin tamanin ne suka tsallake. Zazzaɓi na ɗibar AA ta gefe ɗaya, sikila na ɗibar SS ta ɗaya gefen, na tsakiya ya tsira ya sake haifo dukkansu. Ba miliyoyin shekaru aka jira ba, ba ƙashin da aka tono ba ne. Cikin shekara biyar na rayuwar yaran ƙauyuka aka ga zaɓin yanayi yana aiki.

Lissafin Fisher da Haldane ya ma faɗi inda ma'aunin zai tsaya. Idan kusan duk SS na rasuwa kafin haihuwa, AA kuma na hasarar kashi 15 cikin ɗari idan aka kwatanta da AS, to S za ta daidaita a kimanin kashi 13 na ƙwayoyin gadon al'umma, wato masu AS kusan kashi 23. Ga shi kuwa abin da ake samu a asibitocinmu bai yi nisa da haka ba.

3.1 Abin da lissafin ke faɗa wa masu aure

A nan ne rashin fahimtar darasin ke cizo. Na farko, maganar da ake yawan ji, wai idan AS ya auri AS cikin 'ya'ya huɗu ɗaya ne zai zo da cutar. Sai ka ji uwa ta ce, tun da na fari ya zo da ita, ukun da ke tafe sun kuɓuta. Ba haka ba ne. Kowane ciki da nasa rabon, ɗaya cikin huɗu, ba ruwansa da cikin da ya gabata. Akwai gidan da za a haifi shida ba SS ko ɗaya, akwai wanda za a jera uku.

Na biyu, auren zumunci, wanda ake yawan ɗora wa laifin duka. Mu ɗauki al'ummar da S take ɗaya cikin takwas. Auren bare da bare zai ba da SS kimanin 16 cikin haihuwa dubu. Auren 'ya'yan wa da ƙani zai ba da kimanin 22. Ƙarin na nan, ba a musunsa, kuma yakan fi damuwa a unguwar da rikici ya tsuke, inda mai neman aure bai cika ƙetare 'yan layuka ba. Amma ƙwayar ta yi yawa a cikinmu har ta kai auren bare ba kariya ba ne. Gwaji ne kariya.

Na uku shi ne wanda hukumomi ba su cika faɗa ba. A 2024 Jihar Kano ta kafa dokar gwajin lafiya kafin aure, har da gwajin nau'in jini, kuma mataki ne mai kyau. Sai dai masu cewa da haka za a kawar da sikila cikin 'yan shekaru sun yi kuskuren lissafi. Idan AS ya daina auren AS, za a daina haihuwar SS, amma ƙwayar S na nan daram a jikin masu AS, suna miƙa ta ga rabin 'ya'yansu. Hasali ma hanyar da take fita daga al'umma aka toshe, muddin kuma sauro na kashe masu AA, ƙaruwa za ta yi. Ko da an wayi gari ba zazzaɓi, kuma ba SS ɗin da ke haihuwa, sai an yi tsara takwas, kimanin shekara 200, kafin ɗaya cikin takwas ta koma ɗaya cikin sha shida. Don haka gwajin nan ba yaƙin shekara goma ba ne. Jikoki da tattaɓa-kunne duk sai sun yi.

4.0 Tushe ɗaya ko tushe da yawa

A littattafan ilimin jini da yawa za ka tarar da sunan Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya a babin sikila. Dalili shi ne binciken da Josée Pagnier da Ronald Nagel da Dominique Labie da abokan aikinsu suka buga a 1984. Sun duba DNA da ke kewaye da ƙwayar S a jinin mutanen Senegal da Benin da Afirka ta Tsakiya, suka tarar kowane yanki da irin zubinsa. Aikin ya yi kama da na mai bin diddigin tsofaffin littattafanmu na hannu: idan mai kwafa ya yi tuntuɓen alƙalami, duk wanda ya kwafa daga gare shi zai gaji kuskuren, ta haka a gane wane kwafi ya fito daga wane. Daga baya aka ƙara zubin Kamaru da na Larabawa da Indiya, suka zama biyar. Abin sha'awa, cikin unguwannin da ke yankin Kilomita Biyar akwai wadda ake kira ta 'yan Senegal da wadda ake kira ta 'yan Kamaru.

Zubin Benin ne ya mamaye Nijeriya, shi Bahaushen da ya sauka Bangui ya fi yiwuwa ya zo da shi, ya tarar da zubin Afirka ta Tsakiya, wanda ake kuma kira na Bantu. Har ƙetaren teku alamomin nan sun bi bayin da aka kwasa: zubin Bantu ya fi yawa a Brazil, na Benin a Amurka da Jamaika. Kuma ba tarihi kaɗai suke ba da labari ba. Masu zubin Senegal da na Larabawa da Indiya jikinsu kan ci gaba da yin himogulobin irin na ɗan tayi da ɗan yawa, wanda ke hana ƙwayar jini lanƙwashewa, shi ya sa ciwonsu kan zo da sauƙi. Zubin Bantu shi aka fi dangantawa da tsanani. Maganin haidiroksiyuriya himogulobin irin na ɗan tayin nan yake ɗagawa, kuma gwajin da aka yi a Angola da Kwango da Kenya da Uganda, aka buga a 2019, ya nuna yana rage tashin ciwo da ƙarin jini da mutuwa a yaran Afirka.

Pagnier da abokan aikinta sun fahimci zubin daban-daban da cewa sauyin ya auku sau da yawa, kowane yanki da nasa. Shekaru talatin wannan ke cikin littattafai. A 2018 Daniel Shriner da Charles Rotimi, ɗan Nijeriya mai aiki a Amurka, suka duba cikakken DNA na dubban mutane suka ce a'a, sau ɗaya ya auku, kimanin shekara 7,300 da suka wuce, lokacin da Sahara ke da ruwa da ciyawa, zubin biyar kuma daga baya suka rarrabu. A 2019 Guillaume Laval da abokan aikinsa a Paris suka kai shekarun wajen 22,000. A ganina hujjar tushe ɗaya ta fi ƙarfi, shekarun kuwa muhawara na ci gaba. Malamin da ya nuna wa ɗalibai wannan saɓani ya koya musu kimiyya fiye da wanda ya ba su amsa ɗaya su haddace.

Madara ta ba da akasin wannan. Yawancin mutanen duniya jikinsu na daina narkar da sukarin madara bayan yaye. A 1971 Norman Kretchmer da abokan aikinsa suka nuna yawancin Fulani makiyaya a Nijeriya na narkar da shi har girma, alhali kusan duk manyan Yarabawa ba sa iyawa. An gano daga baya cewa sauyin da Fulani ke ɗauke da shi irin na mutanen arewacin Turai ne, amma a 2007 Sarah Tishkoff ta nuna makiyayan Kenya da Tanzaniya da Sudan da nasu sauye-sauyen daban suka kai ga wannan baiwa. Kiwo ɗaya, buƙata ɗaya, hanyoyi daban. Mbororon da suka shigo Afirka ta Tsakiya daga Kamaru tun wajen shekarun 1920, waɗanda shanunsu ke ciyar da mahautan Bangui, misali ne mai rai na yadda sana'a ke sauya gado.

5.0 "Jikina ya saba da maganin"

Haka majinyaci kan ce idan ya sha magani zazzaɓi bai sauka ba, mai shago kuma ya ce to a canza masa wani mai ƙarfi. Jiki bai saba da komai ba. Ƙwayoyin cutar ne suka sauya, kuma ba koyo suka yi ba. Salvador Luria da Max Delbrück sun nuna tun 1943, da ƙwayoyin bakteriya, cewa sauyin da ke ba da kariya kan auku ne tun kafin haɗuwa da abin da ke kisa. Mai zazzaɓi ɗaya na iya ɗaukar ƙwayoyin cuta biliyoyi. Magani ya kashe masu rauni, 'yan ƙalilan masu jurewa su rage, sauro ya ɗauke su ya kai maƙwabta.

Kulorokwin ya fara gazawa a ƙarshen shekarun 1950 a iyakar Tailan da Kambodiya da kuma Kolombiya. Ya zuwa 1978 matsalar ta iso Gabashin Afirka, cikin shekarun 1980 ta ratsa nahiyar. A Bangui, Cibiyar Pasteur da aka kafa a 1961 ta bi sawun lamarin, kuma binciken da Didier Ménard da abokan aikinsa suka buga a 2005 ya nuna kulorokwin ya kasa warkar da yara da yawa a birnin. Ménard ɗin nan na cikin waɗanda suka gano a 2014, a Kambodiya, ƙwayar gadon da ke sa cutar jure wa atimisinin, maganin da muke dogaro da shi yau. An ga irin wannan juriya a Ruwanda a 2020, a Uganda a 2021, kuma ba daga Asiya aka shigo da ita ba, a nan Afirka ta tsiro. A Eritiriya ma ƙwayoyin da suka rasa sinadarin da abin gwajin gaggawa ke nema su suka yawaita, domin wanda gwaji bai kama ba ba a ba shi magani, har ƙasar ta canza abin gwajinta.

Sauro ma haka, kuma an gani a Nijeriya. A 1954 aka fara feshin gwaji a yammacin lardin Sakkwato, wajen Birnin Kabi. Kafin shekara biyu ta cika sauron yankin ya daina mutuwa da maganin dayaldirin, a 1956 kuma George Davidson ya nuna a Landan cewa ƙwayar gado ɗaya ce ke ba da juriyar, tana bin ƙa'idar Mendel sak.

Malawi ta ba da darasi na daban. Ta janye kulorokwin a 1993. Ƙwayoyi masu alamar juriya, waɗanda suka kai kashi 85 cikin ɗari a 1992, suka sauko zuwa 13 a 2000, gwajin da aka buga a 2006 kuma ya tarar maganin ya dawo yana warkar da kusan kowa a Blantyre. Juriya tana da tsada ga mai ita, inda ba magani, marar juriya ya fi ta hayayyafa.

Yanzu a dubi teburin mai magani a kasuwa irin ta Kilomita Biyar, ko Sabon Gari ta Kano, ko ta Maraɗi. Haɗin atimisinin da aka fi bayarwa sha shida ne cikin kwana uku. Mai ƙaramin ƙarfi ya sayi rabin kati, ko ya sha na kwana ɗaya, jiki ya yi sanyi, ya ajiye sauran don ƙanen yaron. Ga jabu mai ɗan ƙanƙanin sinadari, ga wanda ya sha rana a kan tire. Kowanne daga cikinsu na ba ƙwayar cuta abin da bai isa ya kashe ta duka ba, amma ya isa ya tace masu jurewa. Ba na ɗora wa talaka laifi, wanda rikici ya raba da asibiti dole ya nemi magani inda ya samu. Amma mai shagon da ya san dalilin cika kwana ukun zai faɗa wa mai saye da bakin da zai ji.

6.0 Kira ga malami da limami

Littafin Randolph Nesse da George Williams na 1994, Why We Get Sick, ya yi kira da a sa juyin halitta cikin karatun likita. Mu buƙatarmu ta fi haka gaggawa, kuma ba sai an jira jami'a ba. Masu tsara manhajar sakandare, da Turanci ko Faransanci ko Hausa, su sa alƙaluman Garki da labarin sauron Birnin Kabi da na Malawi a gaban misalin wuyan raƙumin dawa. Jami'ar Bangui da Cibiyar Pasteur, tare da takwarorinsu na Kano da Zariya da Yamai, su haɗa hannu su auna yadda zubin Benin da na Bantu ke haɗuwa a gidajen Kilomita Biyar da abin da haɗuwar ke yi wa tsananin ciwo, da yardar iyalan da kuma amfaninsu. A riƙa gwada jarirai tun ranar haihuwa, domin tun 1986 aka tabbatar cewa ba yaro mai SS fenisilin kullum na rage mugun ciwon da ke kashe su da fiye da kashi 80 cikin ɗari.

Limamai da waliyyai kuma, ku da takardar gwaji ke zuwa hannunku kafin a shafa fatiha, ina roƙonku abu biyu. Ku sa a yi gwajin tun kafin a kai kuɗin gaisuwa, ba ana saura mako ɗaya biki ba, lokacin da kunya da kashe kuɗi ke sa a nemo takardar ƙarya. Sannan ku faɗa wa jama'a a kan mumbari cewa yarinya mai AS ba marar lafiya ba ce, kuma idan ta auri mai AA ba za ta haifi SS ba. Kada a bar ta ta tsufa a ɗaki saboda harafi biyu a takarda.